Tambayoyin Masu Karatu: Fim ɗin Tsoron da Babu Dodo a Cikinsa

Tambaya: Na kalli wasu gajerun finafinan ban tsoro da babu aljani ko dodo a cikinsu, sai mutum ɗaya a ɗaki yana zarewa sannu a hankali, amma sun fi kowanne tayar mini da hankali. Me ya sa haka, kuma da gaske kaɗaici yana taɓa ƙwaƙwalwa? Daga wata mai karatu.

Amsa: Malama, abin da ya razana ki shi ne rashin shaida. A fim ɗin dodo kowa yana ganin abin da ya fito, a gudu tare. A irin waɗanda kika kalla kuwa, kyamara ba ta rabuwa da mutum ɗaya, babu na biyun da zai ce masa ƙwanƙwasar da ya ji iska ce, saboda haka ke ma sai ki kasa bambance abin da ya faru da abin da zuciyarsa ta raya masa. Gajartar fim ɗin tana ƙara wa abin ƙarfi, domin a ƙa'idar masu ba da kyautar Oscar gajeren fim ba ya wuce minti 40, kuma ba a samun sararin yin dogon bayani, sai a bar ɗigar famfo da dogon shiru su yi aikin.

Batun kaɗaici kuwa yana da tushe. A shekarun 1950, a Jami'ar McGill da ke Kanada, ƙarƙashin jagorancin masanin halayyar ɗan Adam Donald Hebb, an kwantar da ɗalibai a ƙananan ɗakuna aka takaita musu gani da ji da taɓawa, kuma cikin 'yan kwanaki wasu suka fara ganin abubuwan da babu su. A 2015 Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da Ƙa'idojin Nelson Mandela, waɗanda suka haramta tsare fursuna shi kaɗai fiye da kwana 15 a jere.

Inda nake ganin yawancin finafinan nan suna kuskure shi ne yadda suke ƙarewa da wuƙa a hannun wanda ya zaren, alhali mafi yawan masu taɓin hankali ba sa cutar da kowa, hasali ma su aka fi zalunta.