Amsa: Kwashe tsofaffin kaset ɗin bidiyo zuwa kwamfuta

Malam, ka tambayi manhajar da za ta kwashe maka kaset ɗin VHS zuwa kwamfuta. Ai manhaja kaɗai ba ta isa. Sai da na'urar bidiyo mai lafiya, da 'yar na'urar ɗauka ta USB da za ka jona wa wayoyin nan uku: rawaya ta hoto, fara da ja na sauti. Manhajar ɗaukar kuwa, akwai OBS Studio, kyauta ce. In kaset ɗin na tsarin talabijin na PAL ne, saita girman hoto a manhajar zuwa 720x576. Sai fa haƙuri, kaset na awa 3 awa 3 zai ci. Wanda ya yi fumfuna kada ka kuskura ka saka, zai ɓata sashen na'urar bidiyon da ke karanta kaset. Sunan fayil kuwa, fara da shekara da wata, kamar 1998-04, za su jeru da kansu.