Ɗana, ga amsar tambayarka kan wasan asubar nan na Burukilin, a birnin Niyok na Amurka

Saƙonka ya iso. Ka ce ranar Litinin ɗin farko ta Satumba, bayan sallar asuba, ka tarar titin Flatbush ya cika da mutane sun shafe jiki da laka da fenti da baƙin mai suna kiɗan gangar ƙarfe, har kake tambaya hauka ne ko addini. Ko ɗaya babu.

Juve mutanen Karibiyan suke ce masa, wato gari ya waye, da Faransancin tsibiransu. Tushensa tsibirin Tirinidad. Daga 1783 Faransawa masu gonakin rake suka shigo da bikinsu na rufe fuska kafin azumin Kirista, bayi kuwa sai kallo daga nesa. In gobara ta kama gona, cikin dare ake tayar da bayi da bulala su sare raken kafin ya lalace. Da suka sami cikakken 'yanci a 1838, sai suka riƙa kwaikwayon wannan dare da wuta a hannu da sanduna, suna kiransa Kanbule. A 1881 'yan sandan Ingila suka zo hana su a Port of Spain, babban birnin Tirinidad, aka gwabza. Da aka hana ganga a 1884 suka koma buga gora, daga baya suka bubbuge durom ɗin mai har ya fitar da sauti. Gangar da ka ji ke nan. Masu baƙin mai da sarƙa kuwa, galibi al'adar mutanen tsibirin Girenada ce, ana ce mata Jab Jab.

Ka san tashe, yadda yara ke shigar dattijo su faɗi abin da babba ba zai faɗa ba? Akwai kamar haka a ciki, sai dai nasu da tabon bulala.

A Tirinidad Fabrairu ko Maris suke yi. Sanyin Niyok ya sa suka mai da shi Satumba, babban jerin gwanon da ake yi da rana bayan Juve kuma tun 1969 yake bin titin Eastern Parkway. Abin da ya fi taɓa ni shi ne a Juve ba a kunna lasifika, sai kiɗan hannu. Wani maƙwabcina a can, duk Agusta jikansa haifaffen Amurka yana wurin koyon gangar nan har dare. Yaron bai taɓa ganin gonar rake ba, amma ya san labarin Kanbule.

Ban ce ka shiga ba. Akwai giya da rawar da ba tamu ba, an kuma taɓa rasa rayuka da harbi, shi ya sa tun 2017 sai ƙarfe 6 na safe ake farawa, da binciken 'yan sanda. In za ka kalla baɗi, sa tsohuwar riga, ka tsaya gefe, wanda ya gaishe ka ka amsa da fara'a.

Ka gaishe min da mahaifiyarka.