Amsa: Kallon shirin rayuwar zahiri ta intanet ba tare da kebul ba

Ɗan'uwa, ka tambaya ko za ka iya ci gaba da bin shirin nan da ake tara 'yan takara a gida ɗaya ana ɗaukar su da kyamara, bayan ka daina biyan kuɗin kebul, wato tashoshin talabijin da ake biya. Za ka iya, amma ka fara gano tashar da ta mallaki shirin, domin yawancin tashoshi suna da manhaja ko shafin kansu, inda sukan ɗora sabon kashi bayan an haska shi, wani lokaci kyauta tare da tallace-tallace. Idan shafin ya buƙaci bayanan kamfanin kebul kafin ya buɗe, to wannan hanyar ba taka ba ce.

Manhajojin kallon fina-finai da shirye-shirye ta intanet na Tubi da Pluto TV kyauta ne, sai dai tsofaffin zanguna suka fi yawa a cikinsu, kuma ba a kowace ƙasa suke aiki ba, saboda haƙƙin nuna shiri ƙasa-ƙasa ake sayar da shi. A YouTube kuwa galibi gutsattsari za ka samu.

Ni dai na guji shafukan da ke alƙawarin komai kyauta, tun ranar da na danna maɓallin kunnawa shafukan talla uku suka buɗe, ɗaya yana neman lambar katina na banki. Ka kuma lura da data, domin kallon awa ɗaya a Netflix da hoto mai kaifi yakan ci har gigabait 3.