Amsar Baffa a kan littattafan kishin ƙasa

Ɗana, saƙonka ya iso, ƙanwarka ce ta karanta mini shi daga waya. Ka ce an ba ku aiki a makaranta ku tattaro littattafan kishin ƙasa, na siyasa da tarihi da wasanni har da ƙagaggun labarai, shi ne kake tambaya ko dama can Bahaushe ya san wannan abu a al'adarsa, ko kuwa boko ne ya zo da shi tare da tuta da taken ƙasa. Da farko na yi dariya, daga baya kuma jikina ya yi sanyi. Wato har mun kai lokacin da jikan Malam zai nemi a nuna masa son gida a cikin takarda.

Mu da muka taso, littafi ba abin ƙulewa ɗaki ba ne. Kakanka, Allah ya jiƙansa, idan aka kawo Gaskiya Ta Fi Kwabo daga Zariya, a zaure ake karanta ta bayan la'asar, mutum ɗaya na karatu, goma na saurare, ana tsayawa ana gardama. A 1939 jaridar nan ta fara fitowa. A wannan zauren na fara jin waƙar Malam Sa'adu Zungur ta Arewa Jumhuriya ko Mulukiya, daga bakin wani tela ɗan jam'iyyar NEPU wanda ya haddace ta. Kakanka ɗan NPC ne na a-mutu, jam'iyyar da NEPU ke adawa da ita, kullum sai sun yi sa-in-sa, amma kwano ɗaya suke ci in an kawo tuwo. In ka tambaye shi dalili sai ya ce, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, kuma wanda ya nuna maka yoyon ba maƙiyinka ba ne. Ka sa waƙar nan a jerinka. Ka nemi Waƙar Nijeriya ta Shehu Shagari ma, wadda ya zagaya da mutum garuruwan ƙasar nan cikin baitoci.

Ambaton Shagari ya tuna mini da wata Asabar, 22 ga Maris 1980, yana shugaban ƙasa a lokacin. Ranar ne aka yi wasan ƙarshe na cin kofin ƙwallon ƙafa na Afirka a Legas, tsakanin Green Eagles ta Nijeriya da Aljeriya. A unguwarmu gida ɗaya ne ke da talabijin, mai baƙi da fari, sai maigidan ya sa aka fito da ita ƙofar gida aka ɗora a kan tebur. Ana tsananin zafin bazara. Yara a gaba kan ƙasa, mu samari a tsaitsaye, dattawa a kan tabarmi can gefe suna cewa su ba kallo suka zo ba, iska suke sha. Mata kuwa suna leƙe ta kan katanga.

Kafin a fara, wani dattijo ya ɗaga murya ya ce, to wai ku da kuke ta zumuɗi, ai mutanen Aljeriya Musulmi ne 'yan'uwanmu. Wuri ya yi tsit. Sai limamin unguwa, wanda ban taɓa jin ya yi zancen ƙwallo ba, ya ce 'yan'uwa ne ba shakka, Allah ya mai da su gida lafiya, amma kofi dai a bar mana shi, gida bai ƙoshi ba ba a kai wa dawa. Aka tuntsire da dariya. Mutane ba su gama gyara zama ba Segun Odegbami ya jefa ta farko. Ƙurar da ta tashi sai da ta rufe akwatin. Kafin hutun rabin lokaci ya ƙara ta biyu, aka dawo Muda Lawal ya cike ta uku.

Abin da ya sa nake ba ka labarin nan shi ne wani maƙwabcinmu Ibo, mai kantin magani. Ya gudu lokacin rikicin 1966, ya dawo bayan an gama yaƙi a 1970, ya tarar kakanka ya riƙe masa ɗakinsa da kayansa, ko cokali bai ɓata ba. Shekara goma ke nan da dawowarsa amma bai cika shiga taro ba, daga kanti sai gida. Ranar nan yana tsaye can baya shi kaɗai. Da Shagari ya miƙa kofi ga kyaftin Christian Chukwu, Ibo ɗan Enugu Rangers, kawai sai samari suka juya suka sungumi maƙwabcin nan a kafaɗa, suka zagaya unguwa da shi suna kiran namu, namu. Yana dariya yana hawaye. A cikin masu ɗaukar har da wanda wansa soja bai dawo daga yaƙin ba. Kakanka na zaune yana kallo, abin da ya ce kawai shi ne, tsintsiya maɗaurinki ɗaya.

Yanzu fa? Ina ganinku da rigunan Arsenal da Chelsea, har gaba kuke yi da juna saboda garuruwan da ba ku taɓa takawa ba. Ba na ce kar a yi kallo ba. Amma ranar da aka kira gayyar gyaran maƙabarta da share magudanar ruwa kafin damina, tsofaffi ne muka fito da fartanya, samarin unguwa na gidan kallo. A zamaninmu mai shela na wucewa da dare, da asuba kowane gida ya fito da mutum, wanda bai fito ba kunya ta hana shi zama majalisa. Kakarka takan ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi, ba kuma tafiya kaɗai take nufi ba. Wannan abu yana damuna ƙwarai, ɗana.

Taken ƙasa da ka ambata, ni a idona an canja shi a 1978, an sake mai do da tsohon a 2024, duka biyun na tsaya musu. Ko tsayuwar al'adarmu ce, wannan magana ce mai tsawo, ba ta waya ba ce. Akwatin littattafan kakanka yana ɗakina, gara ta taɓa wasu, amma da saura. Ka zo da hutu mu zazzage shi tare, ka taho da jerin da malaminku ya ba ku in gani. Ka gai da mahaifiyarka, ka ce mata maganin ƙafar ya iso.