Amsar tambayarka kan ɗaukar wankan jego

Ɗana, saƙonka ya iso tun shekaranjiya, ciwon gwiwar nan ne ya hana ni zama in amsa. Ka ce ka je gida da kyamara zaka ɗauki wankan jego da zaman makoki don fim ɗinka na makaranta, su Inna suka hana, shine kake tambaya wai al'ada ce da gaske ko dai duhun kai ne kawai. Al'ada ce, kuma wallahi suna da gaskiya.

Mai jego kwana arba'in take cikin wanka da ruwan zafi da ganye safe da yamma, ana dama mata kunun kanwa, in haihuwar fari ce ma gidan iyayenta take, mijinta kansa baya tsayawa wurin wankan nan balle kai saurayi da na'ura a kafaɗa. Makoki kuwa mutum zuwa yake yayi gaisuwa yayi addu'a ya tashi, matar mamaci tana takaba wata huɗu da kwana goma, to wa zai saka mata fitila a fuska?

Tunda fim kake karanta bari in baka labarin Mikhail Kalatozov, lokacin da muke karatu a Mosko na fara ganin aikinsa. Ɗan Jojiya ne, an haife shi a Tbilisi a 1903, kuma daga ƙasa ya taso, yayi yankan fim yayi riƙon kyamara kafin ya zama darakta. A 1930 ya fitar da wani fim akan mutanen Svaneti, can saman duwatsun Kaukasus, ƙauyen Ushguli mai dogayen hasumiyoyin dutse, inda ƙanƙara ke rufe hanya wata da watanni gishiri ya gagara har dabbobi na lasar gumin mutane. Hoton kam ba'a magana, har yau in na tuna sai tsigar jikina ta tashi. Amma a ciki ya nuna an kori mace mai naƙuda daga gari saboda haihuwarta ta faɗo ranar jana'iza, ta haihu ita kaɗai a fili, can kuma ana ta yanka da rabon abinci don mamaci, sannan a ƙarshe ga ma'aikatan gwamnati suna fasa dutse suna kawo hanya, wato su ne masu ceto. Manyan Svan ɗin basu ji daɗi ba ko kaɗan, suka ce waɗannan al'adun ba nasu bane. Ni dai ina ganin ko da akwai ɗigon gaskiya a ciki, ya ɗauki sirrin mutane ne ya kai kasuwa don ya tallata manufar gwamnatinsa, mu kuwa mun san zafin wannan, haka baƙi suka yi ta ɗaukar iyayenmu hoto.

Kar ka ɗauka raina shi nake. Fim ɗinsa na gaba hukuma ta hana shi fita, yayi shekaru yana aikin ofis, amma da ya haɗu da mai kyamara Sergei Urusevsky suka yi Letyat Zhuravli a 1957, ma'ana gauraka na shawagi, labarin wata yarinya da saurayinta ya tafi yaƙin duniya na biyu bai dawo ba, ya ci Palme d'Or, babbar kyautar bikin fina-finai na Cannes a Faransa, a 1958, kuma shi kaɗai ne fim ɗin Tarayyar Sobiyat da ya taɓa cinta. Na ga tsofaffin matan Rasha na kuka a gabansa, don ciwon gidansu ne, shima nasa ne, yasan inda yake. Da ya tafi Kuba yayi wani a 1964, duk da irin gwanintar da suka zuba, mutanen Kuba basu ga kansu a ciki ba, fim ɗin ya kwanta sai wajen 1995 manyan daraktocin Amurka Scorsese da Coppola suka tono shi, Kalatozov kuwa ya rasu tun 1973.

To ga abinda zaka yi. Ka ajiye kyamarar nan tukuna, ka sayi goro ka je ka gaida Inna ka bata haƙuri, don nasan ranta ya ɓaci. Ka roƙe ta ta zauna ta baka labarin jego da bakinta, da ungozomar unguwa in ta yarda, muryarsu ma ta isa. Tukunyar ruwan da itacen da ganyen duk zaka iya ɗauka ba mutum a wurin, in kuma dole sai an shiga ɗaki to ƙanwarka ta shiga, da izinin mai jegon da mijinta. In ka gama haɗawa su zaka fara nunawa kafin malaminka, abinda suka ce a cire ka cire. Makoki kam ka barshi gaba ɗaya. Ka gaida mahaifiyarka, kace mata ina nan tafe bayan sallah in Allah ya kaimu.