Albashi daga Abuja, haraji a Kano: yaya ke nan?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni ma'aikaciyar jinya ce a wani asibitin gwamnatin tarayya a nan Kano. Albashina daga Abuja yake zuwa ta IPPIS, tsarin biyan albashin ma'aikatan tarayya, amma duk wata sai na ga an zare PAYE, wato harajin albashi, kuma an ce asusun jihar Kano ake zubawa. Wani abokin aikina ya rantse cewa jiha ba ta da hurumin taɓa albashin ma'aikacin tarayya. Haka ne?
Daga wata mai karatu, Hotoro.

AMSA: Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Abokin aikin naki ya tsinci zancen ne a tsakiya.

Gaskiyarsa ta nan: Majalisar Dokokin Kano ba ta da ikon ƙaƙaba harajin albashi. Ba a kanki kaɗai ba, ko a kan ma'aikatan jiha da ke Sakatariyar Audu Bako. Kundin tsarin mulki na 1999 ya sa harajin kuɗin shiga cikin jerin abubuwan da Majalisar Tarayya kaɗai ke yi wa doka, shi ne abu na 59. Amma kundin nan dai ya yarje wa Majalisar ta ɗora wa jihohi aikin karɓar harajin ɗaiɗaikun mutane, bisa sharaɗin kada jiha fiye da ɗaya ta karɓa a kan kuɗi ɗaya. Sashe na 163 kuma ya ce abin da jiha ta karɓa ya zama nata. Wato mudun na Abuja ne, Kano awo kawai take yi da shi. Ba ta isa ta ƙara miki ko kwabo don kina aikin tarayya ba.

Doka ba ta tambayar wa ke biyanki, inda kike kwana take dubawa. Ƙa'idar da aka daɗe ana bi ita ce jihar da mutum yake zaune ran 1 ga Janairu. Tunda a Hotoro kike, titin Kano kike bi ki je aiki, kuɗin na Kano ne. Ni a ganina wannan adalci ne, in dai za a ga aikin a ƙasa.

Waɗanda jiha ba ta karɓa a hannunsu 'yan kaɗan ne: sojoji, 'yan sanda, da jami'an da ke wakiltar Najeriya a ƙasashen waje. Mazauna Abuja kuwa suna da tasu hukumar. Ma'aikatan asibiti, jami'a da kwastan ba sa cikin wannan rukuni.

Maganar abokin naki ta taɓa zama doka, amma a Amurka. A 1842 Kotun Ƙolin ƙasar ta hana sa wa jami'in tarayya haraji a jiha, wai yin haka tamkar sa wa gwamnatin tarayyar ne. Sai a 1939 kotun ta yi amai ta lashe, majalisarsu ma ta yi doka a shekarar cewa jiha na iya karɓa muddin ba ta ware ma'aikatan tarayya ta tsananta musu ba. Can jihohi ke tsara nasu harajin, shi ya sa rigimar ta yi tsawo haka.

Abin da ya fi damuna, Hajiya, ba hurumin jiha ba ne. Sau da yawa ana yi wa ma'aikaci canjin wurin aiki, a ce daga Kaduna zuwa Kano, amma a kwamfuta sunansa na nan a tsohuwar jihar, kuɗin na tafiya can. Ba ya farga sai ranar da ya je neman takardar shaidar biyan haraji don takardun fili, a ce ba a ga kuɗinsa ba. Ki leƙa ofishin albashinku ki tabbatar Kano aka rubuta miki, ki kuma adana takardun albashinki na shekara uku, domin shekara uku takardar shaidar ke nunawa.

Sannan ki sake duba lissafin. A sabuwar dokar haraji da ta fara aiki a Janairun 2026, naira 800,000 na farko a shekara babu haraji a kansu, kuma mai zaman haya na da rangwamen kashi 20 cikin ɗari na kuɗin hayarsa, iyakarsa naira 500,000. Sai kin gabatar da shaida za a cire miki shi daga kuɗin da ake lissafa wa haraji, don haka ki karɓi rasit a hannun mai gidan.