Mun yi sulhu da wanda ya ci min kuɗi, yaya zan janye ƙarar?

Wani ɗan kasuwar hatsi daga wajen Ɗambatta ya aiko da tambaya. Ya ba wani dillali naira miliyan 3 ya sayo masa wake a ƙauyuka don kai wa Dawanau, babu wake babu kuɗi. Ya kai ƙara wurin 'yan sanda, su kuma suka gurfanar da mutumin a kotun majistare bisa zargin cin amana. Yanzu dagaci da dattawa sun sasanta su: an biya miliyan 1, saura sai bayan kaka. Dangin dillalin sun matsa masa ya janye ƙara.

Alhaji, sulhu alheri ne, amma ka san tun ranar da 'yan sanda suka shigar da maganar kotu, ƙarar ta tashi daga hannunka. Gwamnati ce mai ƙara, kai mai ƙorafi ne kuma shaida. Don haka ba a janye ta a zauren dagaci. Za ka rubuta buƙatarka, ka ba mai gabatar da ƙara, ka tsaya gaban alƙali ka faɗa da bakinka cewa ba tilasta maka aka yi ba. Alƙali ne zai amince ko ya ƙi. A rikicin kuɗi tsakanin mutum biyu irin naka kotuna kan karɓi sulhu. Fashi da makami ko kisa kuwa ba a yin wannan zancen. A irin waɗannan laifuka, Antoni Janar na jiha ne ke da ikon dakatar da shari'a, a ƙarƙashin sashe na 211 na kundin tsarin mulkin 1999.

Inda nake ji maka tsoro shi ne miliyan 2 ɗin nan. Idan ka janye har kotu ta wanke shi, sashe na 36(9) na kundin ya hana a sake yi masa shari'a kan laifin. Kaka ta zo ya yi mirsisi, abin da ya rage maka sai ƙarar bashi, sabuwa fil, da kuɗin mota da ranakun kasuwar da za ka yi asara. Na ga 'yan kasuwa da dama da kunyar manya ta sa suka yi wannan gaggawar.

Da ni ne kai, ba zan janye yanzu ba. Roƙi kotu ta ɗage zama domin a kammala sulhu. A rubuta yarjejeniya: nawa aka biya, nawa ya rage, ranar kowane biya, da sa hannun mai tsaya masa wanda ke da gona ko rumfa da aka sani. A kai takardar kotu ta shiga cikin fayil. Biyan kuma ya bi ta banki ko ta hannun rajistara, a ba ka rasit.

Kada kuma ka daina zuwa kotu don an shirya a gida, domin rashin zuwanka na iya sa a kori ƙarar tun kuɗinka bai cika ba. Dattawan da ke matsa maka, ka ce musu ranar da naira ta ƙarshe ta shigo, tare za ku je gaban alƙali.